Ƙarfen da Na Tuge a Bayan Ingezam

Ranar Talata ta ƙarshen watan Maris, shekarar da na cika goma, ana idar da sallar asuba wata farar mota kat-kat ta tsaya a ƙofar gidanmu da ke Bukoki, cikin garin Arlit. Ban taɓa ganin mota ta zo dominmu mu kaɗai ba. Wadda muka sani ita ce babbar motar Agadas, wadda ake hawa saman buhuna, mutum ya riƙe sanda tsakanin ƙafafunsa kada ya faɗo. Wannan kuwa shatarta aka yi, da direbanta wanda shi ne kuma jagoran hanya, wani Ba'abzine dogo mai suna Agali da ya saba kai Turawa yawon buɗe ido cikin hamada. Kawu Idi, ƙanen mahaifiyata, ya shiga gaba. Inna ta fito da baƙin lulluɓi, rungume da ƙaramin bidon na ruwa wanda ta ɗinke da tsumman buhu don ya yi sanyi, ta ƙi yarda a sa shi baya tare da sauran kaya, ta ɗora abinta a cinya. Ni kuma na sha rigar Sallar bara, wadda ta riga ta ɗage mini, ina ta leƙe ko 'yan layinmu sun farka su gan ni.

Abin da aka gaya mini shi ne za mu tsallaka Aljeriya mu dawo a yini guda. A kunnen yaron Arlit kuwa, Aljeriya ita ce Tamanraset, babban birnin da dabino da taliya da madarar gari ke fitowa daga cikinsa. Kafin a ba mu hutun lakwal na cika ajinmu da baki. Na ce zan ga gidajen sama da fitilun kan titi, na yi wa 'yan mata shida alkawarin alewa, na kuma cire biyu daga ciki saboda sun yi mini dariya. Ban san Tamanraset ta fi ƙarfin tafiyar yini ba, ban kuma tambayi dalilin da ya sa keken ɗinkin Inna ya ɓace daga ɗaki mako guda kafin zuwan motar ba.

Sai na faɗi irin yarinyar da nake, don a gane abin da ya biyo baya. Mu 'ya'yan Bukoki da ƙarfe muka tashi. Bangon gidanmu na laka ne, amma rufinsa gangunan kamfanin haƙar yuraniyom ne da aka fasa aka miƙe, ƙyauren ma haka, tukunyar tuwonmu kuma maƙeri ne ya zuba ta daga wani abin da ba wanda ya san asalinsa. In mun taso daga lakwal muka cika randuna da ruwan famfo, sai mu bazama jujin bayan gidajen ma'aikata, mu tone waya da ƙusoshi da guntayen bututu, mu kai wa maƙeran bakin kasuwa. Dokar da ke tsakaninmu ɗaya ce: wanda ya fara taɓa ƙarfe, nasa ne. Ni ce gwanar layinmu, har ana kirana mai idon ƙarfe, don ko ina gudu in na taka abu ƙafata na gaya mini ko dutse ne ko baƙin ƙarfe. Inna ta sha cewa, "Wannan ɗiya ko a masallaci ta ga ƙusa sai ta duƙa." Ba ta kiran sunana, da yake ni ce ɗiyarta ta fari; "ke" ce kawai, ko "wannan ɗiya".

Mahaifina ya bar ƙauyensu a ƙasar Tawa ya zo Arlit tun kafin a haife ni, ya yi shekaru yana lebura a ramin haƙa, har tari ya kama shi ya hana shi aikin. Da ya gaji da zaman gida sai ya shiga bin motoci zuwa Aljeriya da ɗan kayan saye da sayarwa. Shekara guda kafin wannan Talatar ya tafi a motar Agali, bai dawo ba. Agali ne ya zo da jakarsa da agogonsa, ya tsuguna a zaure ya ce numfashinsa ya tsaya a hanya, bayan garin Ingezam, sun yi masa sallah su uku sun rufe shi a can. Inna ta yi takaba ta gama, amma ba ta daina farkawa in mota ta tsaya a layi ba. Dangin Baba sun ce mace ba ta zuwa kushewa, ta yi masa addu'a daga ɗakinta. Ta saurare su ta ce to, sannan ta shirya tafiyarta a ɓoye, ta gaya wa maƙwabta sari za ta je yi. Ni ma abin da ta bar ni a kai ke nan.

Hanyar Asamaka, garin bakin iyaka, ba hanya ba ce, fili ne kawai da sawun tayoyi da ganguna jefi-jefi da aka kafa don alama. Agali ba ya yawan magana, yana tuƙi yana duban nesa, wani lokacin ya karkata hagu ba tare da na ga dalili ba. Ni dai idona na kan gawarwakin motocin da rairayi ya cinye rabinsu, ina jin takaicin wucewa mu bar wannan arziki. Da hantsi ya ɗaga muka isa Asamaka, 'yan ɗakunan laka da manyan motoci jere da sojoji a ƙarƙashin rumfa. Agali ya shiga da takardunmu ya fito. A ɓangaren Aljeriya aka daɗe ana juya su, aka leƙa fuskar Inna, sannan aka ba mu izinin yini, da sharaɗin mu fito kafin rana ta faɗi. Muka ratsa Ingezam ina jiran gidajen sama, sai na ga gari ne da bai kai rabin namu ba, ga shi ma mun wuce ba mu tsaya ba. Na tambaya yaushe za mu kai birni. Kawu Idi ya ce in rufe masa baki.

Mun yi kamar tafiyar awa guda, sai Agali ya saki sawun motoci ya shiga wani fili na tsakuwa, mai baƙaƙen duwatsu tsibi-tsibi, kowanne kamar ɗan'uwansa. Ya tsaya ya ce a yi azahar tukuna. Suka ɗaura tamfol a gefen mota suka shiga inuwa. Ni na ce zan zaga, kuma saboda kunyar Agali na yi nisa, na wuce dutse ɗaya, na wuce na biyu, na ɓuya bayan wani mai tsaguwa a tsakiya. Ina miƙewa na gan shi. Falle ne na ƙarfe, irin waɗanda ake jerawa a ƙarƙashin babbar mota don ta ɗauki nauyi, a tsaye cikin ƙasa, da wani ƙyalle da rana ta mayar fari ɗaure a kansa. Babu ƙarfen da maƙera ke so kamar wannan, da shi suke yin wuƙa da takobi. Na waiga ba kowa, na taɓa shi, ya zama nawa. Ya ƙi fitowa da farko. Akwai wasu duwatsu a jere a gindinsa waɗanda rairayi ya kusa rufewa, na hau kansu da ƙafa biyu don in sami ƙarfin ja, na yi ta girgiza shi har ya saki. Na yage ƙyallen na yar, na yi gammo da ɗankwalina na ɗauko shi a ka, na zagayo ta bayan mota suna cikin sallah, na tura shi ƙarƙashin tayar ajiya da barguna. Na zauna ina haki, cike da murna.

Da suka sallame Agali ya gyara rawaninsa ya kama tafiya a ƙasa, Inna na biye da bidon ɗinta, Kawu a baya. Aka ce in zauna a inuwa. Na ga sun nufi wani tsibin duwatsu sun zaga, sun koma wani, sun dawo. Agali ya hau saman dutse ya sa hannu a goshi ya daɗe. Da suka dawo shan ruwa fuskarsa ta sauya. Hausarsa irin ta mutanen Abzin ce, mace da namiji duk ɗaya ne a bakinsa. Ya ce wa Inna, "Ka yi haƙuri, wurin nan ne, ban ɓata ba. Dutse cikin dutse ba ya nuna, shi ya sa na kafa ƙarfe na mota, na ɗaura masa rawani na Mamman. Ƙarfen ne babu." Mamman sunan mahaifina ne. A nan na san abin da ya kawo mu, na san abin da ke cikin bidon ɗin, ruwan gidansa ne Inna ta ɗauko don ta yayyafa wa kabarinsa. Na kuma san abin da na taka da ƙafa biyu.

Da a lokacin na buɗe baki, da na kai su. Dutsen mai tsaguwa yana can ina hango kansa, ramin da ƙarfen ya bari bai gama cikewa ba. Amma tsoro ya hana ni. Ba dukan nake tsoro ba, na saba da duka. Fuskar Inna nake tsoro, in ta ji ɗiyarta ta tsaya a kan mijinta tana tuge alamarsa don ta sayar wa maƙeri. Na ce a raina bari su je can da kansu, ai za su gani. Suka sake fita, suka yi gabas, ni ina zaune bayana jingine da motar da ƙarfen ke ciki. Sau biyu na tashi zan kira su, sau biyu na koma na zauna. Bayan la'asar iska ta taso, rairayi ya fara gudu ƙasa-ƙasa a kan tsakuwar, inuwar duwatsu ta juya, har ni kaina na kasa tantance wanne ne mai tsaguwar, don yanzu uku nake gani. Na ji Kawu Idi yana ɗaga murya yana ce wa Agali ya ci amanar marainiya da uwarta, ƙila ma bai rufe kowa ba, jefar da Baba ya yi. Agali ya ɗaga kai sama. Ya dubi rana ya ce in ba mu tashi yanzu ba za a rufe iyaka da mu a ciki. Inna ta tsaya tsakiyar filin ta juya ko'ina, ta ɗaga hannu ta yi addu'a ba tare da ta san inda za ta fuskanta ba, ta dawo mota da bidon ɗinta a cike.

Washegari da safe Agali ya dawo da bargunanmu da muka manta a motarsa. Ina shara a tsakar gida ya yi sallama ya shigo, ƙarfen na hannunsa. Ya jingina shi a bango gaban Inna, ya dube ni sau ɗaya, ba da fushi ba, ya fita. Inna ta dubi ƙarfen, ta dubi zaren rawanin da ya maƙale a bakinsa, ta dubi tsatsar da ta ɓata ɗankwalina da ke rataye a igiya. Ta ce, "Hadiza." Ranar ce kaɗai a rayuwata na ji sunana a bakinta. Ta ce, "Kin ga wurin?" Na ce na gani. Ta ce, "Mi ad da shi?" Na ce duwatsu ne a jere, da inuwar wani babban dutse. Ta gyaɗa kai ta ce, "To, shina da inuwa." Ta shiga ɗaki ta ɗauko bidon ɗin, ta tsuguna ta wanke ƙarfen da ruwan duka, ta kai shi bayan gadonta. Ba ta dake ni ba, ba ta gaya wa kowa ba sai Kawu Idi, wanda ta tura ya je ya ba Agali haƙuri. Na so ta dake ni.

Ba mu sake komawa ba. Babu wani keken da za a sayar, daga baya kuma hanya ta lalace da tashin hankali, Turawa suka daina zuwa, Agali ya sayar da motarsa. Na haɗu da shi bayan na yi aure, ya tsufa, ya ce sau biyu ya ratsa ta wurin don kansa ya duba, bai ga komai ba. Shekarar da wasu mutane suka zo da na'ura mai ƙara suna bi gida-gida, suna cewa ƙarafan kamfani na da guba, Inna ta ba su tukunya ta ba su ƙyaure, amma ƙarfen Baba ta naɗe shi a zane ta ce ba na rami ba ne. Yana bayan gadonta har ta rasu.

Yanzu ina koyarwa a lakwal ɗin da na yi wa 'yan mata shida alkawarin alewa. Yaran ajina ba sa tonon juji kamar mu, kowa wayar hannu yake so, kuma an ce wayar tana iya riƙe wuri a tsakiyar hamada ta mayar da kai daidai kansa ko bayan shekara ashirin. Hanyar Asamaka ta cika da mutanen da ake korowa daga Aljeriya suna takowa a ƙasa, wasu ba sa isowa, direbobi na rufe su su kafa abin da suka samu, taya ko bidon ko guntun ƙarfe. Duk ɗalibin da na ji zai bi wannan hanya sai na ja shi gefe na ce in ya ga abu a tsaye cikin ƙasa ya bar shi yadda ya gan shi. Har yau ban ga Tamanraset ba, ban kuma ƙara marmarinta ba. Inna tana maƙabartar Arlit, na san kabarinta, na jera masa duwatsu da hannuna. Ƙarfen yana ɗakina. Cikin dukan gidanmu ni kaɗai na taɓa ziyartar Baba, ban kuwa yi masa ko sallama ba.