Mijinyawa da Taken Tarakta

Fim ɗaya Mijinyawa ya yi wa kiɗa a duniya, amma har ya rasu Mijinyawa Mai Sinima ake ce masa a Gadarif ta ƙasar Sudan.

Makaɗin gangar noma ne, gadon uba da kaka, sai dai ya tashi daidai lokacin da tarakta ta iso, ita kuwa tarakta ba ta buƙatar zuga. Ganga ta koma ƙuryar ɗaki, matarsa Nagoggo tana jera kwanoni a kanta. Shi kuma ya koma sayar da igiya a kasuwa.

Wata kaka wani mai shirya fim, da kowa ke kira Ustaz, ya zo daga Hartum. Ya ɗauki fim don ya fahimtar da ma'aikatan gona cewa zamanin noman hannu ya wuce, yana neman kiɗan gida da zai ɗora a kai. Aka kai masa Mijinyawa, ya nuna masa hoton. Tarakta ce tana huɗa daga farko har ƙarshe.

Mijinyawa ya ce, "Ustaz, wannan 'yar gidan wa ce?"

"Tarakta ce, ya Hajj. Ka buga kawai."

"Ai ba a buga kawai. Mahauci da takensa, maƙeri da nasa. In na ba ta na wani, masu shi za su biyo ni."

Ustaz ya ba shi kwana uku, in ba haka ba zai ɗauko mai molon Larabawa daga Hartum, ganga ta ci gaba da riƙon kwanoni. Mijinyawa ya kwana biyu yana tunani, har Nagoggo ta gaji.

Ta ce, "Malam, tana noma ko ba ta yi?"

"Tana yi."

"Ka taɓa ganin ta gaji?"

"A'a."

"To ka ba ta taken gwanaye mana, ka tashi min daga bakin murhu."

Shi ya buga, taken da ake yi wa gwanin noma ranar gayya. Ustaz ya ji daɗi ƙwarai, ya ce kiɗan yana kwantar da hankali.

An fara nuna fim ɗin a wani sansanin ma'aikata a Fashaga, bayan magariba, a jikin farin ƙyalle, gefen wata gonar riɗin da ya nuna. Ganga na tashi, wani dattijo Haladu ya fara tsuma. Ya jefar da hula ya ce, "Ina raye ake yi wa ƙarfe takena?" Ya zari lauje ya faɗa gona. Saura suka ga ba za su bar tsoho ya kunyata su ba, suka bi shi. Kafin tarakta ta kai ƙarshen kunya ta biyu, ba wanda ya rage cikin masu kallo sai Ustaz, mai kunna inji, da wani jaki. Mai gonar, wanda ya yi mako yana fargabar riɗinsa zai fashe ya zube, bai ga laifin fim ɗin ba.

An sake wa fim kiɗa a Hartum, ba a ƙara neman Mijinyawa ba. Amma tarakta ba ta iya yankan riɗi, kuma labari ya bazu. Duk kaka masu gonaki suka riƙa aiko masa mota daga Fashaga har Ƙala'at an-Nahal, don ya kaɗa wa masu yankan riɗi, fiye da shekara ashirin. Dole Nagoggo ta nemi wani wurin ajiye kwanoni, kuma ba ta yafe ba.

In aka tambaye shi game da sinima yakan ce, "Sana'a ce mai kyau. Mutanenta ne ba su san abin da suka samu ba."