Ƙwallon da Mu'azu Ya Ci wa Nijar

Mu'azu direba ne a Maigatari, yana jigilar 'yan kasuwa zuwa Dungas ta ƙasar Nijar, kuma a can ya auro matarsa Ummu. In ana maganar ƙwallo, shi ɗan gani-kashe-nin Najeriya ne, har koriyar riga yake ratayawa a motarsa.

Shekarar da aka rufe boda, direbobin Nijar da yawa suka maƙale a tasha, zaman ya ishi kowa. Sai Mu'azu ya sayo ƙwallo, ya shirya wasa tsakaninsu da 'yan gari. Da aka jeru a fili, baƙin suka rasa mutum ɗaya.

"Suruki, ka taimake mu mana!" in ji babbansu.

Sai Mu'azu ya tsallaka wajensu. Ana dab da tashi ƙwallo ta bugi tumbinsa ta faɗa ragar 'yan gari. Abokansa suka yi ta masa ihu suna dariya, baƙi kuwa suka ɗaga shi sama.

Da labari ya isa gida, Ummu ta rangaɗa guɗa, ta ce, "Yau kaza zan yanka maka, Alhaji."