Zakariya'u da Motar da Ba a Kashewa

Idan aka kira sallar Azahar a Birnin Konni, kowa a tashar mota wurin alwala yake nufa, ban da Malam Zakariya'u. Shi sai ya yi zagaye tukuna. Buta a hannu, hula a karkace, ya bi layin motocin da aka ajiye a ƙofar masallaci yana tafiya a hankali, ya kasa kunne. Ba gaisuwa yake nema ba, ba kuma ciniki ba. Motar da aka bari tana ruri alhali direbanta ya shiga sahu, ita yake nema. A cewarsa ba mahaukacin da zai ƙona man gazuwal a banza don marmari. Duk direban da ya ƙi kashe mota, tsoro yake ji in ya kashe ta ba za ta sake tashi ba.

Sana'arsa ke nan tun yana da baƙin gemu: gyaran demare, ƙaramin injin nan da ke juya babban inji idan an murɗa makulli, wanda mutanen wancan gefen iyaka ke ce wa kik. Rumfarsa tana bayan tasha, ba allo ba suna. Benci ɗaya, tsohon batir, wayoyi a rataye, da kwanon kananzir na wanke ƙarafa. Da ya dawo daga Asuba zai sha kununsa, ya share rumfa da kansa, ya zauna ya kwance demaren da ya kwana, ya jera kayan cikinsa a kan buhu bi da bi, don kada ƙaramin wani abu ya faɗa cikin ƙasa. Bana ya ce ya gaji. Baya ya ƙi, gwiwa ta ƙi, kwanciya a ƙarƙashin mota ta zama aiki, tashi daga can kuma ya fi ta wuya. Ya miƙa rumfar ga waɗanda ya koyar. Shi ya sa ya dace a faɗi abin da ya yi tun yana ji da kunnensa.

Malam Zakariya'u ba ya taɓa kile, wato sifana, sai ya saurari mota. Zai ce wa direba ya kunna fitila, sannan ya murɗa makulli. In fitila ta dusashe, aka ji ƙas-ƙas-ƙas da sauri, to batir ne ko kan batir ya yi tsatsa, ba ruwan demare. In aka ji wani abu na juyawa fiii amma inji bai motsa ba, haƙoran demare ne ba su kama ba. In kuwa fitila na nan tar, aka ji ƙas guda ɗaya sannan shiru, to a shirya kwanciya a ƙasa. Tanimun mai shayi, wanda teburinsa ke kallon rumfar, ya ce ya sha ganin mutum ya zo da sabon demare a kwali yana cewa a ɗaura masa, Malam Zakariya'u ya kankare masa kan batir, ya ɗaure waya, mota ta tashi, ya ce masa ya mayar da kwalin inda ya saya.

Direbobinmu kuwa, Allah ya shirye su! Demare zai fara ciwo, maimakon a kai shi gyara sai a koyi zama da shi. Wannan ya ajiye motarsa a gangare kullum. Wancan ya sa fasinja turi, har da masu goyo. Wani kuma yana da guntun rodi a ƙarƙashin kujera, in ta ƙi tashi ya zura hannu ya kwaɗa wa demare, ta tashi yau, ta tashi gobe, jibi ya farfasa abin da ke ciki gaba ɗaya. Malam Zakariya'u ya tsani rodin nan fiye da yadda manomi ya tsani fara.

Junaidu yana cikin masu rodi. Matashi ne, direban wata farar bas mai jigila tsakanin Konni da Malbaza, mai fara'a, mai taurin kai. Malam Zakariya'u ya daɗe yana jin motarsa na ruri a ƙofar masallaci. Ya tare shi ba sau ɗaya ba.

"Junaidu, motag ga taka ta hana mu jin liman. Kawo ta in duba."

"Baba, lahiya lau take. Bari jigilar albasa ta ƙare in kawo ta."

"Albasa ba ta ƙarewa a ƙasag ga, yaro."

Junaidu ya yi dariya ya wuce. Tsohon kuwa ya nemo wani tsohon demare irin na bas ɗin, ya canza masa sharbon, ɗan gawayin nan da ke kai wuta a cikinsa, ya wanke, ya gwada shi a kan batir ya ga yana harbawa da ƙarfi, ya naɗe a buhu ya tura ƙarƙashin benci. Tanimun ya tambaye shi na wane ne. Ya ce na Junaidu ne, shi dai bai sani ba tukuna.

Ran nan a tsakiyar bazara, ana zafin da ko akuya ba ta barin inuwa, Malam Zakariya'u ya fito zagayensa na Azahar ya ji rurin da ya sani. Da ya matsa sai ya ga an cire kujerun baya. Gawa ce a shimfiɗe a kan tabarma, an rufe ta da zane, wata tsohuwa na zaune a gefe tana kore ƙuda da bakin mayafinta. Sunanta Uwani, daga wani ƙauye can bayan Tajaye. Mamacin ɗanta ne, Chindo, ɗan cirani da ya ƙare ƙuruciyarsa yana kwana a garuruwan mutane. Ciwo ya dawo da shi, aka kwantar da shi a gidan likita a Konni, da safiyar ranar ya cika. Maganarsa ta ƙarshe ga uwarsa ita ce kada a bar shi a garin mutane, a kai shi gefen ubansa. Ta yi masa alkawari. An aika gida a haƙa kabari, kuma da irin wannan zafi, gawar da ta cika da safe ba ta jiran gobe.

Ana sallamewa ya ja Junaidu gefe.

"Ina zaka da ita?"

"Bayan Tajaye, Baba."

"Hanyar yashi ta. In ta mutu maka can, wa za ya tura? Ba ni ita yanzu in canza mata demare."

"Sai inji ya huce, sai kun kwance, sai kun ɗaura. La'asar ta yi muna nan ke nan. Inna ba ta iya jira. Ba ni kashe ta, Baba, wallahi har mu isa."

Gaskiyar Junaidu, lokaci ya ƙure. Gaskiyar tsohon kuma, mota ba sai an kashe ta take mutuwa ba. Bai ja gardama a gaban gawa ba. Bas na ficewa ya koma rumfa, ya jawo buhun nan daga ƙarƙashin benci, ya ɗaure a bayan tsohon motonsa, wato babur, tare da jakar kile, ya cika gora da ruwa. Tanimun ya ce masa, "Malam, da zahin ga? Wa ya kira ka?" Ya ce ba kowa. Ya hau ya bi su.

Abin da ya faru a hanya, Junaidu ne ya ba da labari da bakinsa, a teburin Tanimun, a gaban kowa. Sun bar kwalta lafiya, sun wuce Tajaye lafiya. A wata busasshiyar ƙorama yashi ya riƙe ƙafafun baya, Junaidu ya taka mai, motar ta yi gargada ta mutu. Ya murɗa makulli: ƙas. Ya sake: ƙas. Ya jawo rodi ya kwaɗa har hannunsa ya gaji, ko tari ba ta yi ba. Dangin mamacin biyu da ke cikin motar suka sauka suka tura, mutanen wani ƙauye da ke kusa suka fito suka kama musu, amma wa ya taɓa tayar da mota da turi a cikin yashi? Ko da ya kira Konni a waya, kafin wani ya iso rana ta faɗi. Aka yi maganar amalanken jaki, aka ga dare zai raba kafin a kai.

La'asar ta wuce. Maigarin ƙauyen, dattijo mai hankali, ya zo ya tsuguna daga nesa da Uwani ya yi mata ta'aziyya, sannan ya faɗi abin da kowa ke tunani.

"Baiwar Allah, ki yi haƙuri. Ƙasa duk ta Allah ta. Maƙabartarmu ga ta nan, mu yi mishi sutura mu rufe shi tun da haske. Haƙƙinshi na."

Bai faɗi ƙarya ba, kuma don alheri ya faɗa. Uwani ba ta musa ba. Ta ɗora hannu a kan zanen da ya rufe ɗanta ta ce, "Na yi mishi alkawali," ta sake cewa, "Na yi mishi alkawali." Junaidu ya ce a rayuwarsa bai taɓa jin kunya da baƙin ciki irin na wannan lokaci ba. Ya zagaya bayan mota ya zauna a yashi ya yi kuka.

Yana nan zaune suka ji ƙarar moto. Malam Zakariya'u ne, ƙafafu biyu a ƙasa yana ja da kyar, riga sharkaf da gumi, ya faɗi a yashin nan har ya kurje gwiwar hannu. Ya yi sallama, ya yi wa tsohuwa gaisuwar rashi, ya roƙi maigari ya ɗan saurara masa. Ko kallon faɗa bai yi wa Junaidu ba. Kuma duk da ya ɗauko demaren tun daga Konni, bai yarda da zatonsa ba sai da ya gwada.

"Kunna hitila. Murɗa."

Fitila tar, ƙas guda, shiru.

"To, shi na. Ɗauke mini rodin ga daga gabana."

Ya cire wayar batir tukuna, don kada kile ya taɓa ƙarfe wuta ta tashi. Motar ta nutse, ba wurin shiga, sai da aka yashe yashi da hannu aka yi masa rami. Ya shimfiɗa buhu ya zura jikinsa. Yashi na ƙuna daga ƙasa, inji na ƙuna daga sama. Ya kwance babbar waya da ƙarama, ya kama ƙusoshin, na saman ya ƙi, sai da ya miƙa hannu ta jikin bututun hayaƙi, fata ta ɗaye; tabon na nan har yau. Da tsohon demaren ya fito ya girgiza shi a kunnen Junaidu, ana jin ɓaraguzai na kaɗawa a ciki, aikin rodi. Ya gwada haƙoran sabon da na tsohon ya ga sun yi daidai, ya koma ya ɗaura, ya ɗaure wayoyi, ya mayar da ta batir. Ya sa aka rage iskar tayoyi, aka jera rassa a gabansu.

"Yi bisimilla ka murɗa."

Ta tashi a murɗa ɗaya. Mutanen ƙauyen suka sa kafaɗa, ta fita daga ƙoramar. Maigari da kansa ya ce su yi sauri, Allah ya kai su.

Sun isa, tsohon na biye da su a kan moto, rana ta yi ja amma ba ta faɗi ba. Kabari a haƙe, jama'a na zaune suna jira. Aka yi wanka, aka yi sutura, aka fito da Chindo ƙofar gida. Junaidu ya sauka zai shiga sahu, ya bar mota na ruri kamar yadda ya saba, bai ma san ya yi ba. Malam Zakariya'u ya dafa kafaɗarsa.

"Kashe ta."

"Baba..."

"Kashe ta. Tana tashi."

Ya kashe. Wurin ya yi tsit. Uwani na cikin gida tare da mata, kuma ta gaya wa Junaidu daga baya cewa ta ji kabbarar liman duka huɗu, ɗaya bayan ɗaya, ba abin da ya rufe mata su.

Malam Zakariya'u, kai ne ka ji ciwon mota tun mai ita yana musu. Kai ne ka bi gawar mutumin da ba ka taɓa gani ba, a kan tsohon moto, da tsohon baya, ba wanda ya aike ka. Ba ka tsaya a ƙofar masallaci kana jiran a dawo a ce maka ai ka faɗa ba, ko da yake ka faɗa ɗin. Mai kunnen tasha, sannu da aiki. Mun gode, Allah ya saka maka, ya ba bayan nan naka lafiya, ya sa hutun ya yi maka daɗi.

Ku kuma da ya bar wa rumfa, kile kowa na iya riƙewa. Ku koyi zagayen Azahar. Ku saurari mota kafin ku kwance ta, kuma in kun ji abin da mai ita bai ji ba, ku tanada masa tun bai nema ba. Direbobi, ku jefar da rodin nan haka nan, don Allah. Junaidu ya jefar da nasa a ƙoramar, kuma yanzu shi ne na farkon kashe mota in an kira salla.

Uwani har yau ba ta riƙe sunan Malam Zakariya'u ba. In ta ga mai zuwa Konni sai ta ce a gaida mata tsohon nan mai moto. Chindo kuwa yana kwance a gefen ubansa.