Faifanmu na Fari a Gaban Inna

Ladan bai rufe baki da kiran assalatu ba muka kama hanyar tasha, ni da abokina mai jita. Shi yana rungume da jitarsa, ni ina ɗauke da kwalin faifanmu na fari, guda goma sha biyu, sababbi fil daga Ikko. Shekara uku muna kiɗan jaz a wani otal a Sabon Garin Kano, shi ya kaɗa ni in rera, yau ga hotonmu a bangon faifai. Amma wallahi akwai wata matsala. Waƙar da ta fi karɓuwa a ciki ba tawa ba ce, waƙar niƙan Innata ce, wadda take jero unguwanni da rijiyoyin garinmu tun kafin ruwan madatsar Tiga ya cinye shi. Na ɗauka ban tambaye ta ba. Ita kuwa tun ranar da aka tashe mu ba a sake jin muryarta a kan dutsen niƙa ba, ta koma wurin kawu a wani ƙauye kusa da Doguwa don kada ma ta ga ruwan. Na riga na yanke: in ba ta sa albarka ba, na bar waƙar har abada.

Ƙaramar motar haya, kiya-kiya, muka shiga. A mararrabar Tiga, ta wajen Bebeji, 'yan talla suka yanyame motar da bandar kifi. Na shaida wata dattijuwa a cikinsu, matar wani manomin dawa ce ta unguwarmu, yanzu mijinta ya zama masunci. Ta ce ai ya iya jefa taru, iyo ne har yau bai iya ba.

A Kwanar Dangora muka sauka, muka ci waina da miya ta sule, mai wainar ta yi mana gyara don ta ga jita. Daga nan sai akori-kura. Direba ya ce kwali sama zai hau, ni kuma da rawar kaina na miƙa, har ina ce masa ya ɗaure da kyau. Motar ba ta cika ba sai da rana ta take, ga bazara tana ganiyarta.

A Tudun Wada na sa aka sauko da kwalin don in nuna wa wani malamin makaranta da muke ta hira. Innalillahi! Rana ta gasa su, duk sun lanƙwashe kamar gurasa. Na zauna a bakin hanya. Sai abokina ya buɗe jakar jitarsa yana murmushi, ashe ya ɓoye guda ɗaya tun a Kano, wai hotonsa ya yi kyau. Ban taɓa gode wa son kan mutum ba sai ranar.

Hanyar Doguwa daji ne da duwatsu, ga birai a zaune a tsakiyar hanya, ba sa gusawa sai direba ya yi ta danna oda. Da la'asar muka isa. Inna ta aiko mana da fura da nonon Fulani mai kauri, ta amsa gaisuwata kanta a sunkuye. Ni ne ɗanta na fari, ba ta kama sunana, ba ta ma kallona sosai.

Kawu ya aro garmaho irin wanda ake waina masa hannu wurin maƙwabcinsa, wani tsohon soja. Aka shimfiɗa tabarmi, mutane suka cika tsakar gida. Abin da ba mu lura ba, garmahon na tsofaffin faifai ne masu gudu, namu kuwa mai tafiyar hankali ne. Ana ɗora allura sai ga muryata tana tsiwa kamar ta ɗan tsako, jita na binta a guje. Gida ya kece da dariya, tsohon sojan har da hawaye. Kafin in ɗaga allurar ta karce faifan. Inna ba ta yi dariya ba, kuma shirunta ya fi dariyar yi mini ciwo.

Sai abokina ya miƙe. Ya zaro jita, ya ɗaure tsirkiya, ya fara a hankali. Na rufe ido na shiga. Na ambaci Ƙofar Gabas, na ambaci marina, na ambaci tsamiyar da ake saukar da amare. Dariya ta ɗauke, wata tsohuwa ta fara sharɓar hawaye. Ina cikin baiti na huɗu Inna ta ɗaga hannu, ta dubi abokina, ba ni ba.

"Kai mai molon Turawa, gaya wa abokinka ya tsallake rijiyar maƙera. A can na fara ɗiban ruwa ina amarya."

Sai ta ɗauki baitin da kanta. Muryar ta dushe, amma ba ta kauce ko kaɗan ba. Abokina ya bi ta da jita, matan gidan suka kama amshi, ni kuwa na tsaya baki buɗe hawaye na zuba, ban ji kunyar kowa ba. Da ta kai ƙarshe ta gyara mayafi.

"Ka ce masa Allah ya yi albarka. Amma in zai sake, ya faɗe su duka."

Washegari muka juyo. Lanƙwasassun faifan muka raba wa dangi, kawu ya rataye nasa a bango saboda hoton. Mun iso Kano bayan azahar, babu faifai ko ɗaya mai juyawa, amma ban taɓa dawowa daga tafiya da farin ciki irin wannan ba. Na koyi cewa ba a ɗora faifai a saman mota da bazara, ba a kuma ɗaukar waƙar mutum ba a je an durƙusa masa ba. Daga ranar, duk inda muka yi wasa sai na ambaci rijiyar maƙera, in kuma gaya wa jama'a mai waƙar tana nan da ranta a Doguwa.