Kukan Gwaggona Da Na Mayar Waƙa

A lokacin da abin nan ya faru ni matashi ne, ban daɗe da gama karatun kiɗa da wasan kwaikwayo ba, kuma ina ji da kaina ƙwarai. Asalina ɗan wani ƙauye ne a yankin Kazage da ke ƙasar Birnin Gwari, amma a Kaduna nake zaune. Aikina shi ne tsara wasan kwaikwayon da ba a magana a cikinsa, komai rerawa ake yi tun daga farko har ƙarshe. Kalangu da gurmi ba su ishe ni ba. Nakan naɗi ƙarar taɓarya a turmi, da karon garma da dutse, da rurin injin niƙa, in jera su su zama kiɗa, mawaƙa su hau kai. 'Yan kallona ba su da yawa, wasu ma cewa suke karatu ya taɓa ni. Ba abin da nake nema kamar a san da ni.

Ana tsakiyar damina aka aiko mini cewa 'yan bindiga sun harbe mijin gwaggona a gonarsa ta bakin daji. Gwaggon nan ƙanwar mahaifina ce, ita ta goye ni bayan rasuwar mahaifiyata. Na bi ayarin motoci zuwa Birnin Gwari, inda dangi suka kawo ta gidan baffana. Ranar sadakar uku, bayan masu gaisuwa sun ragu, ina zaune a ƙofar ɗakinta sai na ji ta fara kuka a hankali. Da mamacin take magana, tana jan murya kamar mai waƙa. Tana tambayarsa wa zai girbe masarar da ya shuka, tana tuna masa cacar bakin da suka yi da safen ranar a kan kunun da ya huce, har ya fita bai sha ba, tana roƙonsa gafara. Maimakon in shiga in rarrashe ta, sai na zaro waya na fara naɗar muryarta. Har yau ina tuna abin da ke raina a lokacin: kada akuyar da ke tsakar gida ta yi kuka ta ɓata mini sautin.

Na koma Kaduna na gina sabon wasa a kan muryar nan. Na yayyanka ta, na sa mawaƙa mata huɗu suna yi mata amshi. Ɗaya daga cikinsu, wata Kirista 'yar yankinmu, ta ja ni gefe ta tambaye ni ko mai muryar ta sani. Na ce mata ta sani, har albarka ta sa mini. Wasan ya karɓu fiye da zatona. An nuna shi a Kaduna da Abuja, manyan mutane suna share hawaye, ana cewa na zo da abin da ba a taɓa ji ba. Na sha tafi, ban taɓa faɗin muryar wace ce ba.

Ashe wani ɗan kallo ya ɗauki guntun wasan, ya bazu a wayoyi. Bayan Gwaggo ta fita takaba, ta fara kasa daddawa a kasuwar Birnin Gwari. Wata ranar kasuwa sai ta ji kukanta yana tashi daga lasifikar wani mai cajin waya. Matan da ke kusa da ita duk sun gane muryar. Kafin mako ya zagayo magana ta kai wa dangin mijin, suka ce ashe da ɓacin rai ɗan'uwansu ya bar gida, da yunwa ya mutu. Suka daina gaishe ta. Ita kuwa ta daina zuwa kasuwa.

Baffa ne ya kira ni ya ce in zo. Na taho da hujjoji cike da baki, cewa na yi ne don duniya ta san halin da mutanenmu ke ciki. Gwaggo ta kawo mini tuwo, ta jira na ci, sannan ta ce, “Da ka tambaye ni, ɗana, wataƙila da na rera maka wani. Amma wannan ba da kai nake magana ba, da mijina nake yi.”

Na janye wasan, na je na durƙusa gaban dangin mijin na ce laifin nawa ne. Wasu sun sauko, wasu har yau. Abin da ke wayoyin mutane kuwa ba ni da ikon goge shi. Gwaggo ta ce ta yafe mini, amma tun daga ranar, in na shiga ɗakinta gaisuwa kawai muke yi, sai ta yi shiru har in tashi.

Ina nan ina tsara wasanni, ba wanda ya kai wancan suna, kuma ban damu ba. Na gane cewa ba don mutanenmu na yi ba, don kaina na yi. Ina jan kunnen 'yan'uwana masu waƙa da fim, da duk mai saurin ɗaga waya a gidan makoki: baƙin cikin mutum nasa ne. Ku tambaya kafin ku ɗauka, in an hana ku, ku haƙura. Ni tafin 'yan mintoci na samu, na rasa hirar matar da ta raine ni.