Yana Giraf, Sa

Ina ajin ƙarshe a sakandare a Kafanchan lokacin da kawuna, ƙanen mamata, ya dawo daga karatun tauhidi a ƙasar waje da tsarabar kalkuleta. Ba irin na masu shago ba ne. Dogo ne mai faffaɗar fuska, in ka danna masa lissafi sai ya zana maka layin da kansa, ya gangara ya lanƙwasa ya sake hawa, abin da muke shan wahalar ɗigawa da fensir a takarda mai gida-gida. Kawu bai san aikinsa ba, ya dai ji an ce ina son lissafi. Ni kuwa na fi kowa a ajinmu, kuma ban iya ɓoyewa ba. Jami'a nake hari, jarrabawar fita kaɗai ta rage tsakanina da rabuwa da gonar cittar babana a wajen Kwoi.

Na kai wa malamin lissafinmu ya gani. Ya juya shi gaba da baya har yana haɗiyar yawu, ya ce in bar masa kwana biyu. Na ƙi, don na san aron malamai.

A nan sai na yi bayanin wata kalma. Zanen lissafi giraf muke ce masa. Miƙa wuya a leƙa takardar na kusa a jarrabawa shi ma giraf ne, daga sunan raƙumin dawa da Turanci. Masu harshen suna bambanta su, mu da muka koya daga allo kuwa duk ɗaya muke faɗa.

Ranar jarrabawar gwaji, ta Tarihi ce ma ba lissafi ba, mataimakin shugaban makaranta ya tsaya a ƙofa yana laluben aljihu. Mutum ne mai jin daɗin kama yaro kamar yadda wasu ke jin daɗin nama. Kalkuletan na aljihuna, don ba na barin sa a ɗakin kwana saboda ɓarayi. Ya ɗaga shi sama, ya tambaye ni me wannan yake yi.

"Yana giraf, sa."

Ɗaliban da ke layin shiga gaba ɗaya suka fashe da dariya. Ya sa na maimaita da ƙarfi, na maimaita, don wallahi ban gane ba tukuna. Da na gane na fara bayani, ya ce in rufe baki, ai na gama magana.

A ofis aka kira malamin lissafi. Raina ya kwanta da na gan shi, kalma ɗaya daga bakinsa ta isa. Bai kalle ni ba. Ya ce irin waɗannan na'urori kan iya ajiye rubutu a cikinsu, shi dai ba zai rantse ba, amma a ba shi ya adana ya bincika. Aka ba shi. Har yau na tsani mutumin nan, kuma ban taɓa roƙon Allah ya cire min tsanar ba.

Babana dattijon ikilisiya ne, bai yi boko ba. Ya zo a babur ɗin haya da ƙasar gona a ƙafarsa, aka gaya masa 'yarsa ta amsa laifin satar jarrabawa da bakinta a gaban shaidu. Ya juyo gare ni.

"Ka faɗa ko ba ka faɗa ba?" Hausarsa ke nan, mace da namiji duk ka ne.

"Na faɗa, Baba, amma..."

"Ɗauko akwatinka."

An cire sunana daga masu jarrabawar fita. A majami'armu kuma shi da kansa ya nemi a sa ni a bencin baya, na waɗanda ke ƙarƙashin horo, don kada a ce dattijo ya rufa wa gidansa asiri. Na zauna tare da masu cikin shege da wani da ya saci akuya. Matan zumunta suka riƙa yi min addu'a da babbar murya, yadda kowa zai ji laifin. Lokacin da 'yan ajinmu ke rubuta lissafi ina tsaga citta ina shanyawa a kan dutse, hannuna na zafi.

Da shekara ta zagayo ƙanena, wanda ke makarantar, ya zo hutu. Muna cin tuwon acca a tsakar gida ya fara ba da labarin malamin lissafinsu, wancan dai namu, wai yana da wata na'ura ta mamaki da yake nuna wa 'yan aji, har shugaban makaranta ya yaba masa a taron safe. Baba ya tambaya me take yi.

"Tana giraf, Baba. Tana zana layin lissafi da kanta."

Lomar ta tsaya a hannun Baba. Ya dube ni, na dube shi, na ga ya gane sarai. Na jira. Mama ma ta daina motsi.

Ya kai lomar bakinsa, ya tauna, ya ce min gobe in tashi da wuri, akwai sauran citta a gonar rafi.