Makaniken da Ya Ƙi Sa Mini Babban Inji

Na fi shekara ashirin ina riƙe da sitiyari, kuma na ga abubuwa iri-iri a kan titi, amma akwai wata Asabar guda da na tabbata ba za ta fita daga raina ba har in koma ga Mahaliccina. Duk ranar da na tuna ta, wani tsohon makanike nake fara yi wa addu'a, mutumin da na taɓa tsayawa a gaban garejinsa ina zazzaga masa rashin kunya.

A lokacin ina tuƙa wani oga a Maitama. Daga Litinin zuwa Juma'a wata ƙatuwar jif ce a hannuna, irin wadda da ka ɗan shafi totur ta tafi, da ka ɗan taɓa birki ta tsaya cak. Ranar Asabar kuwa sai in koma tawa. Tawa 'yar ƙarama ce, tsohuwa tukuf, irin wadda ba ta da but daban, ƙofar bayanta ake ɗagawa sama. A Jiwa muke zaune, uwargida tana da tebur na doya a bakin hanya. Duk Asabar sai mu kwantar da kujerun baya mu nufi Paikon Kore, mu saro ƙwarya ɗaya, wato guda ɗari, wajen manoman da muka saba da su, mu juyo.

Tafiyar ba ta da matsala. Dawowar ce abin kunya. Da mun loda doya, motar nan sai ta fara nishi, in muka zo hawa kuwa sai na koma giya ta biyu ina roƙonta. Wata rana muna cikin hawa wani mai keke mai ƙafa uku ya wuce mu da fasinja cike, har ya leƙo yana ɗaga mini hannu. Uwargida ta ƙunshe dariya da gefen mayafinta ta ce, "Maigida, ko in sauka in taya ta ne?" Ni kuwa mutum ne mai saurin fushi, ga girman kai na direban manya. Kafin mu isa gida, a raina na riga na yanke hukunci: sai na sa wa motar nan injin da zai sa a daina raina ni.

Abokan aikina direbobin Maitama su suka ƙara zuga ni. In muna zaune a ƙofar gida muna jiran ogogi, hirar ke nan. Wannan ya ce a cire ƙaramin injin a sa babba na Beljiyam, wato na hannu da ake kawowa daga waje, irin na yayarta. Wancan ya ce a sauya salansa a sa mai faɗin baki don ta riƙa numfashi da kyau. Na yi watanni ina tari, na sayo injin, aka kai mini shi garejin wani dattijo a wajen Dei-Dei da kowa ya ce ya fi iya wannan aikin. Bagwari ne, gajere, gashinsa duk ya yi fari, kowa Baba yake ce masa. Hausarsa irin ta nan ce, ba ruwansa da namiji ko mace.

Na zaci zan ajiye mota in dawo bayan kwana uku in ɗauka. Baba ya zagaya injin, ya ce mai kyau ne, ban yi asara ba. Daga nan bai ƙara kallonsa ba. Motar ya koma yana zagayawa, yana durƙusawa yana leƙa bayan tayoyi.

"Oga direba, me kake ɗauka a cikin shi?"

Na ce doya, ƙwarya ɗaya, da ni da iyalina.

"To zo mu je."

Ya sa aka jido buhunan yashi daga wani kango da ke kusa aka jera a bayan motar, yana ɗaga kowanne yana auna nauyinsa da hannu, har ya ce ya kai na doyar. Ya ɗauki wata tsohuwar jarka da guntun gawayi ya shiga gaba. Muka tafi wani titin kwalta da aka shimfiɗa a cikin wata unguwa da ba a gama ginawa ba, babu kowa sai awaki can nesa. Ya sauka ya ja layi da gawayi a kan kwalta, ya taka yana ƙirga sawunsa, ya ajiye jarkar a tsakiyar hanya. Ya ce in koma baya, in taho da gudun kilomita sittin, da na hau layin in taka birki iya ƙarfina.

Dariya ma abin ya ba ni. Ni da nake tuƙa manya, za a yi mini jarrabawar koyon tuƙi. Na taho, na hau layi, na take birki. Motar ta ja hagu, ta yi wani irin gurnani, ta ci gaba da tafiya kamar ba da ita nake ba. Ina ji ina gani na daki jarkar nan, ta shige ƙarƙashi tana ƙara, ban tsaya ba sai da na wuce ta da tsawon mota biyu.

Baba ya tako a hankali, ya jawo jarkar ta lotse, ya miƙo mini ta taga.

"Wannan ɗan wani ne," in ji shi. "Da ƙaramin inji ma ka kashe shi. Yanzu kana so in ƙara maka gudu. Ni ba zan sa ba. Sai na gyara tsayawa tukuna."

Ya lissafa mini abin da yake nufi. Faifan birkin gaba ƙanana ne, an yi su ne daidai da ƙaramin inji, sai an sa manya irin na motar da aka ciro injin daga jikinta. Na baya sun cinye. Robobin da man birki ke bi sun tsattsage. Tayoyin kuwa, ya nuna mini wasu lambobi a gefensu ya ce sun tsufa tun kafin in saye su. Kuma ba zai karɓi kayan da aka ga dama ba, sai ya je ya zaɓo da kansa, ko da zai ɗauki mako uku.

Mako uku, ga sabuwar doya ta kusa fitowa. Nan fa na hau. Na ce inji na kawo a sa mini, ba wa'azi na zo ji ba. Na ce na san halin makanikai, a kawo aiki ɗaya su ƙirƙiro goma. Na faɗa masa irin motocin da nake tuƙawa, har da cewa shi bai taɓa shiga irinsu ba. Yau in na tuna maganganun nan kunya ce take rufe ni, don mutumin ya haife ni. Shi kuwa ko a jikinsa. Ya bari na gama, ya ce, "Ga injin ka, ga motar ka. Akwai gareji da yawa. Wanda zai sa maka gobe ma akwai."

Kuma gaskiya ya faɗa, don a hanyar komawa gida na tsaya wani garejin, mai shi ya ce kwana biyu ya ishe shi. Na isa gida ina huci na kwashe labari na faɗa wa uwargida, ina jiran ta taya ni faɗa. Ta saurara har ƙarshe tana yankan kuɓewa, sannan ta ɗago.

"Jarkar, ka buge ta ko ba ka buge ta ba?"

Na ce na buge, amma ai yashi ya fi doya nauyi.

"To maigida, ka kai duk inda kake so, motarka ce. Amma ni ba zan ƙara shiga ba. Ina da 'ya'ya."

Kwana biyu ina kumbure-kumbure, a na uku na mayar wa Baba da motar. Ban ba shi haƙuri ba, na dai ajiye makulli a kan benci na ce ya yi abin da ya ga dama. Ya ɗauka ya sa a aljihu kamar ba abin da ya faru.

Sai da ya cinye makonni ukun nan cif. Ya gama da birki, ya sauya tayoyi, ya ƙarfafa ƙafafun baya saboda kaya, ya sake kai ni titin nan da buhunan yashi. A wannan karon na tsaya da sauran tazara mai yawa. Sai a lokacin ya taɓa injin. Ya ɗora shi, ya sa lagireto babba don kada ya yi zafi, ya sauya salansa, ya yi yini guda yana saurare yana daidaitawa. Ranar da na karɓe ta, wallahi ban gane motata ba. Hawan da nake yi da giya ta biyu, da ta huɗu na haye shi. Na ji daɗi har cikin raina, amma ko a lokacin ina ganin makonnin da ya yi a kan birki ɓata lokaci ne kawai.

Asabar ta uku bayan haka, muka loda doya a Paikon Kore muka kamo hanya bayan azahar. Rana tas, titi a bushe. Injin yana ta kiran ƙafata, ni kuma ina amsawa. Na wuce bas, na wuce wata motar gawayi. Uwargida ta ce in rage, na ce mata ai yanzu ne muka fara tafiya. Allurar maleji ta haura tamanin, kuma ƙafata ta saba da jif ɗin oga, na manta a cikin me nake zaune da abin da ke bayana.

Can gaba akwai wata babbar mota a tsaye a gefen dama ana yi mata lodi. Duk wanda ya zauna a yankin nan ya san matan Gwari ba sa ɗaukar kaya a ka, a kafaɗa suke ɗauka. Wata tsohuwa ce ta fito daga gaban babbar motar nan za ta tsallaka, da tulin itace a kafaɗarta ta hagu, wato daidai ɓangaren da nake tahowa. Itacen ya rufe mata fuska gaba ɗaya. Ba ta gan ni ba, kuma ba yadda za a yi ta gan ni. Ga wata mota tana tahowa a ɗaya hannun, babu wurin kaucewa.

Na miƙe a kan birki da duk ƙarfina. Tayoyi suka ɗauki ƙara, doya ta taho gaba ɗaya ta daki bayan kujerunmu, wasu suka tsallako har kan giya. Uwargida tana ta salati. Ni ba abin da nake gani sai zanen tsohuwar nan da siraran ƙafafunta suna matsowa. Motar ba ta ja hagu ba, ba ta ja dama ba, ta tafi a miƙe tana cije kwalta, sannan ta tsaya. Bakin wani dogon ice daga cikin kayanta ya gogi bonet ɗina.

Tsohuwar ta juyo da jikinta duka, don sai da haka za ta iya ganina. Ta kalli motar, ta kalle ni, ta ce, "Sannu, yaro na. Ni bai gani ba." Ta gyara kayanta ta ƙarasa tsallakawa ta shiga wata 'yar hanyar gona. Har yau ban jin ta san abin da ya kusa faruwa.

Na gangara gefe na kashe mota, na zauna a ciki.  Warin roba ya cika ko'ina, masu lodi suka taru suna yi mana barka. Uwargida ta miƙo mini ruwa. Na kifa kai a kan sitiyari na yi kuka sosai, ban damu da masu kallo ba. Tsoro ne da godiya suka haɗu mini. Na san sarai da motar nan a yadda na so a yi mini ita, da yanzu gawar uwar wasu ce a ƙarƙashina.

Ba mu wuce gida ba, garejin Baba muka nufa a hankali. Na zaɓi manyan doya goma na jera a gabansa, na durƙusa na ba shi labari, na roƙe shi gafarar abin da na faɗa masa. Ya ce in tashi, shi bai riƙe ni da komai ba. Ya je ya tsuguna wajen tayar gaba, ya shafa ta da tafin hannu har ya sami inda kwalta ta cinye.

"Gudu nawa kake yi?"

Na ce wajen sittin.

"Oga direba, taya bai ce haka ba."

Uwargida ta ce, "Ya haura tamanin, Baba, na yi masa magana bai ji ba." Na sunkuyar da kai. Baba ya shiga rumfarsa ya fito da wani ƙaton noti, ya kwanta a ƙasan sitiyari ya ɗaure shi a ƙarƙashin totur, yadda ko na take ba zai kai ƙasa ba. Ya ce ƙarfin hawa yana nan, na ɗaukar kaya yana nan, abin da ya rage mini na hauka ne kawai. Ya ce ranar da na ga na yi hankali in zo ya cire. A cikin doyar kuma biyu kawai ya ɗauka, ya ce sauran na kasuwa ne.

Ban taɓa komawa a cire notin ba, da shi na ci gaba da tuƙa ta har ta gama yi mana aiki. Baba ya rasu shekara biyu da suka wuce, na je jana'izarsa a cocin ƙauyensu na tsaya daga waje har aka gama. Abin da ya koya mini ya wuce mota: kada in nemi ƙarin ƙarfi a kan komai sai na tabbata zan iya tsayawa. Na kuma gane cewa wanda zai yi maka abin da kake so ba shi da wuyar samu, amma wanda zai dubi idonka ya ce a'a, ya jure zaginka don kada ka cuci wani, in ka same shi ka riƙe shi da kyau. Albarkacin a'ar da dattijon nan ya ce mini, wata tsohuwa ta kai itacenta gida a ranar, ni kuma ban ɗauki ran kowa a wuyana ba.